Idan naman sanyi ya iso Kurmi, ina makomar 'yan kara?



Ni ɗan kara ne. A Sabo ta Badun aka haife ni, mahaifina fataucin shanu yake yi, shi ma a wurin kakana ya gaji sana'ar. Karatuna bai wuce sakandare ba, kuma tun da na gama nake bin Baba zuwa kara a Akinyele, ni ke riƙe masa littafin bashi da waya. Na faɗi haka ne tun farko don kada wani ya ɗauka masani ne ke magana.

Tun da gwamnatin tarayya ta kafa ma'aikatar bunƙasa kiwon dabbobi a watan Yulin 2024, akwai wata magana da take ta dawowa a bakin manya, a rediyo da wajen taruka. Wai lodin shanu da rai daga Arewa zuwa Kudu tsohon yayi ne, gara a yanka su a can, a zuba naman a motoci masu firji a kawo. Duk ranar da aka ɗauko wannan zance a rumfarmu dariya ake yi. Wani ya ce, "Da wace wutar?" Wani ya ce, "Bayarabe zai ci naman da bai ga jininsa ba?" Sai a kwashe da dariya a koma ciniki. Ni ma da ni ake yin dariyar, har sai da na karanta wasu littattafai guda uku.

Yadda aka yi kuwa, wani ɗalibin jami'a ne, Bayarabe, ya zo kara yana bincike, na yi masa tafinta na kusan mako biyu. Da zai tafi ya bar mini kwafin littafi ɗaya da babi guda na wani, na ukun kuma ya nuna mini yadda zan sauke shi a waya kyauta tunda tsohon littafi ne. Duk da Turanci suke. Na fi shekara ina fama da su da daddare, ina duba ƙamus a waya. Ba zan ce na gane komai ba, amma abin da na gane ya isa in ce a daina dariyar nan a zauna a yi tunani.

Littafin da aka rubuta a kanmu

Na farkon a kan unguwarmu aka rubuta shi. Wani masani mai suna Abner Cohen ya zo daga Ingila ya zauna a Sabo tsakanin 1962 da 1963, ya fitar da littafinsa a 1969, sunansa Custom and Politics in Urban Africa. Tambayar da ya yi ita ce: me ya sa cinikin shanu da goro tsakanin Arewa da ƙasar Yarabawa ya zauna a hannun Hausawa, kuma me ya sa suka ware unguwarsu da sarkinsu?

Da ni aka tambaya da sai in ce gado ne, haka muka taso muka gani. Shi kuwa sai ya bi ta kan wahalhalun da ke cikin sana'ar. Saniyar Arewa ba ta daɗewa a kurmi saboda ƙudan tsando da sammore, dole a sayar da ita da wuri. Mai shanu yana can nesa, bai san farashin yau a Badun ba. Mahauci ba shi da kuɗin sa a hannu, sai ya yanka ya sayar sannan ya biya. Baƙon da ya kawo shanun bai san wane mahauci ne mai biya ba, wane ne mai cinyewa. Babu takarda, babu sa hannu, babu banki a tsakani. To wa zai tsaya? Mai gida, wanda muke kira fatoma. Shi zai sauki baƙo, ya ciyar da shi, ya haɗa shi da dillalansa, ya tsaya masa lamuni. In mahauci ya gudu da kuɗi, mai gida zai biya daga aljihunsa, in ba haka ba baƙi su ƙaurace masa. Irin wannan amana kuwa ba ta tsayuwa sai tsakanin mutanen da ke jin harshen juna, suke sallah tare, suke da sarkin da zai raba gardama.

Da na kai nan sai na ajiye littafin na daɗe ina tunani. Ashe Sabo, da aka kafa tun 1916, aikin da waya da banki da kotu suke yi a yau shi take yi wa fatake a wancan zamani. Haka Agege, haka Shagamu, haka sauran zangunanmu. Iyayenmu sun samu gindin zama ne saboda akwai giɓi a cikin cinikin da babu mai iya cike shi sai su. Na lissafa giɓin nan na samu huɗu: tafiya, labari, kuɗi, da kuma ajiya, wato rashin hanyar da nama zai kwana bai lalace ba. Uku daga ciki inji ya riga ya shigo musu, muna kallo.

Ukun da suka riga suka wuce

Tafiya ce ta fara. Kakana da ƙafa ya fara koro shanu, ta Jebba da Ilori, ana kwana a zango ana tashi. Jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, Ƙauran Namoda a 1929, Nguru a 1930, aka shiga loda shanu a tarago. Daga baya da jirgin ya raunana, tituna suka samu, tirela ta karɓe. Yau sa zai bar Potiskum ko Maigatari ko Illela, cikin 'yan kwanaki yana Akinyele. Ina 'yan kora? Ina masu sayar musu da abinci a zangunan hanya? Baba yana iya lissafa sunayen garuruwan da ake yada zango, ni ko ɗaya ban taɓa takawa ba. Amma fatoma ya tsira, domin ko da ƙafa ko a jirgi ko a tirela, saniya da ranta take isowa, tana buƙatar mai karɓarta.

Sai labari. Wayar salula ta shigo Najeriya a 2001, ina jariri ko ban ma zo duniya ba, amma na taso na ga abin da ta yi. A da, sanin farashi shi ne jarin dillali. Yanzu mahauci a Bodija zai kira yaronsa a kasuwar Wudil, a ɗauko masa bidiyon bijimi ta WhatsApp, gaba da baya, a buɗe bakinsa ya ga haƙori, su daidaita, a lodo masa. Babu la'adar kowa a Badun. Manyan mahauta da yawa yanzu haka suke yi. Dillalan da Baba yake da su lokacin ina firamare, yau rabinsu sun koma wata sana'ar, wasu acaɓa, wasu gadi.

Na uku kuɗi, kuma wannan a idona aka yi. Babban Bankin Najeriya ya sanar da sauya takardun naira 200 da 500 da 1000 a watan Oktoban 2022, zuwa Fabrairun 2023 tsabar kuɗi ta ɓace. Dattawan da suka rantse ba za su taɓa ajiye kuɗi a banki ba, da kansu suka riƙa neman yara su buɗe musu asusu. Masu POS suka zama sarakuna, kana sayen kuɗinka da kuɗinka. Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a watan Maris cewa a ci gaba da karɓar tsofaffin kuɗi, amma kafin nan an riga an koyi tiransifa, kuma ba a koma baya ba. Akwai alheri a ciki, ba na musu. A da mai shanu da jakar kuɗi yake komawa Arewa, ransa a hannunsa. Yanzu kuɗin na riga shi isa gida.

A cikin wannan rububi ne aka yi mana alat na bogi. Wani ya sayi shanu biyu na baƙonmu, saƙo ya shigo wayar da ke hannuna, na ce wa Baba kuɗi sun shigo, aka sake masa shanu. Washegari muka duba babu ko sisi. Baba bai zage ni ba. Ya kira baƙon ya ce masa, "Alhaji, a gidana ka sauka, kuɗinka na wuyana." Wata uku yana biya. Daga ranar na gane abu biyu: inji na iya ɗauke aikin kai kuɗi, amma bai ɗauke aikin tsayawa a biya in an ci amana ba. Shi ya sa har yau ake neman fatoma.

To amma duk ukun nan sun bar mana saniya mai rai. Na huɗun ita kanta saniyar zai ɗauke daga kara. A nan littafi na biyu ya shigo.

Abin da ya faru a Shikago

Sunansa Nature's Metropolis, William Cronon ya rubuta, ya fito a 1991. Tarihin birnin Shikago ne na Amurka, kuma babin da aka ba ni a kan nama yake. Wallahi ina karantawa kamar labarin Oko-Oba ko Akinyele nake karantawa.

A 1865 aka buɗe babbar karar Shikago. Shanu na zuwa daga makiyayar yammacin ƙasar, a loda su da rai a jirgin ƙasa zuwa manyan biranen gabas irin su Niyok da Boston, mahautan can su saya su yanka. Matsalolinsu irin namu ne sak: dabba na ramewa a hanya, wasu su karye, wasu su mutu, kuma kana biyan kuɗin dakon ƙaho da kofato da abin da ke cikin tumbi, alhali kusan rabin nauyin sa ba nama ba ne.

Wani mutum mai suna Gustavus Swift, wanda shi ma mahauci ne kuma mai fataucin shanu, ya koma Shikago a 1875. Ya sa aka ƙera masa taragon da ake zuba ƙanƙara a samansa, iska mai sanyi tana zagaya naman da aka rataye. Ku lura, babu wutar lantarki a cikin wannan lissafi. Ƙanƙarar tafki suke sara lokacin hunturu su adana, su kafa tashoshi a kan hanya inda ake ƙara wa tarago. Manyan kamfanonin jirgi suka ƙi ɗaukar taragonsa saboda sun zuba jari a dakon shanu masu rai, sai ya bi da kayansa ta layin Grand Trunk da ke ratsa Kanada.

Mahautan gabas sun yi irin dariyar da muke yi. Suka ce babu mai cin naman da ya yi kwanaki a hanya. Da suka ga ana saya, suka kafa ƙungiya, suka ce naman na da cuta, suka sa wasu jihohi suka yi dokar cewa sai an duba dabba da ranta a jihar kafin a sayar da namanta. A 1890 Kotun Ƙolin Amurka ta rushe irin wannan doka ta jihar Minnesota. Abin da ya karya su dai araha ce. Kamfanonin Shikago ba sa zubar da komai, jini da ƙashi da kitse da ƙaho duk suna sarrafawa su sayar, don haka suna iya karya farashin nama yadda ƙaramin mahauci ba zai iya ba. Cikin shekaru kaɗan kamfanoni huɗu suka mamaye kasuwar. Mahauta da yawa suka daina yanka, suka koma masu sayar da naman kamfani.

Kada makiyayi ya ce shi ya tsira. Da masu saye suka koma 'yan ƙalilan, su ke yanke farashi, masu kiwo suka yi ta kuka har majalisar dattawan ƙasar ta kafa kwamitin bincike. Ƙarshen labarin kuma, wanda na bincika daga baya: da manyan motoci masu firji da tituna suka zo, mayankun suka tashi daga Shikago suka koma kusa da inda ake kiwo. A 1971 aka rufe karar baki ɗaya. Kasuwar da ta taɓa fin kowace girma a ƙasar, ta shekara ɗari da shida, ta zama tarihi.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne, Swift ɗan sana'a ne. Ya san sa, ya san wuƙa. Abin da ya bambanta shi da sauran mahauta, shi ya mallaki taragon, su kuma suka tsaya gardamar ko zai yi aiki.

Waɗanda ke cikin mayankar

Littafi na uku ƙagaggen labari ne, The Jungle na Upton Sinclair, ya fito a 1906. Marubucin ya yi makonni bakwai a unguwar mayankun Shikago kafin ya rubuta. Labarin wasu baƙi ne 'yan ci-rani daga ƙasar Lituweniya da suka zo neman arziki, ba su jin harshen gari, suka faɗa aikin mayanka. A can an rarraba fawa gunduwa-gunduwa. Naman na tafiya a rataye a kan sarƙa, kowane ma'aikaci yanka ɗaya yake yi tun safe har dare. Babu buƙatar gwani, don haka kowa ana iya korarsa a ɗauki wani gobe. In ka ji rauni ka tafi gida, babu mai tambayarka. Henry Ford, mai kamfanin motoci, da kansa ya ce daga wannan sarƙa ta mahautan Shikago aka samo dabarar layin haɗa mota.

Sinclair ya so mutane su tausaya wa ma'aikata ne, amma abin da ya tayar wa jama'a hankali shi ne ƙazantar naman da suke ci. A shekarar aka yi dokar duba nama. Ma'aikatan kuwa sun daɗe a halin da suke.

Na kawo wannan ne saboda masu cewa ai in an gina manyan mayanku a Arewa yaranmu za su samu aiki. Za su samu, gaskiya ne. Amma a tambaya, wane irin aiki? Yau yaron da ya fara da jan igiya a kara yana iya zama dillali, dillali ya zama mai shanunsa, har wata rana ya zama fatoma. Baba ta nan ya bi. A kan sarƙar kamfani wannan tsani babu shi, sai in an tsaya an nema tun kafin a gina.

Hujjar masu dariya

Ba zan zalunci mutanen rumfarmu ba, suna da hujja. Wutar ƙasar nan kowa ya san halinta, babban layin ma faɗuwa yake yi. Man dizal ya yi tsada. Motar firji in ta lalace tsakanin Mokwa da Jebba, ko aka tsare ta a shinge ta kwana, an yi asarar kaya gaba ɗaya, alhali saniya mai rai a sauke ta a ba ta ruwa. An taɓa gwadawa ma, kamfanin nama na Bauci tun shekarun 1960 aka kafa shi, bai hana tirela lodi ba. A 2016 an yi bikin dawo da dakon shanu a jirgin ƙasa daga Gusau zuwa Ikko, ga shi har yau a kan titi muke. Sannan mutanen nan suna son nama mai ɗumi, kuma Bayarabe in zai yi biki ko bikin binne tsoho, sa yake so a gani a ɗaure a ƙofar gida. Ragon Layya kuwa babu firjin da zai maye gurbinsa.

Duk na yarda. Cinikin dabba mai rai ba zai mutu ƙurmus ba. Amma a duba ɗaya gefen.

Kifin ƙanƙara daga tashar jirgin ruwa ta Ikko yake tashi, ya kai har Sakkwato da Maiduguri bai narke ba, a wannan ƙasa mai wannan wuta. Kajin ƙanƙara sun cika kasuwannin Kurmi. Wato motocin da ɗakunan sanyin suna nan, akwai masu gyaransu, kuma motar da ta kai kifi Arewa tana neman kayan da za ta dawo da su. Sola tana ƙara araha. Manyan kantuna da otal-otal da gidajen abinci sun riga sun saba da naman sanyi, kuma su ne masu saye da yawa a biya nan take. Tun da aka cire tallafin mai a watan Mayun 2023 komai na sufuri ya tashi, ga harajin hanya shinge bayan shinge. Duk ranar da kuɗin mota ya ƙaru, lissafin mai cewa a daina dakon ƙaho da kofato ƙara ƙarfi yake yi.

Akwai kuma siyasa. Bayan rikicin Shasha a watan Fabrairun 2021, ƙungiyar masu fataucin abinci da shanu ta tsayar da lodi zuwa Kudu na 'yan kwanaki, nama da tumatir suka yi tsada. Mu mun ɗauka mun nuna ƙarfinmu. A ganina gwamnatocin Kudu wani darasi daban suka ɗauka, cewa kada su sake zama ba su da rumbu. A watan Mayun shekarar gwamnonin Kudu suka haɗu a Asaba suka amince da hana kiwon sake. A 2022 gwamnatin Legas ta aza harsashin wata katafariyar cibiyar adana abinci a yankin Epe. Mu na Badun kuma ba mu manta da 2018 ba, lokacin da gwamnatin Oyo ta ce mahauta su bar Bodija su koma babbar mayanka ta Amosun, har aka yi tashin hankali. Duk alamun waje ɗaya suke nunawa: ana son tattara yanka da ajiya a wurare kaɗan, manya, masu injuna.

Ba sai naman sanyi ya cinye kasuwa duka ba kafin mu ji a jikinmu. In ya ɗauke otal-otal da kantuna da masu abinci, ya bar mana biki da Sallah, to tirela goma ta koma shida. A lissafa waɗanda ke ci daga kowace tirela: 'yan lodi, masu jan igiya, masu ciyawa da ruwa, dillalai, masu shayi, mata masu tuwo, masu babbakar ganda, masu kayan ciki da kai da ƙafa, masu ƙiraga. In aka yanka a Arewa, fata da kayan ciki da ƙashi duk a can za su tsaya. Arewa za ta amfana, kuma Arewa gidanmu ce, ba na baƙin ciki. Amma mu da aka haifa a nan, muka binne iyaye a nan, mu ne a tsakiya. Mahautan Yarabawa ma tare da mu abin zai shafa.

To me za a yi?

Ni ba na cewa a yaƙi firji. Mahautan Amurka sun gwada da ƙungiya da doka da kotu, ba su ci ba. Abin da nake roƙon shugabanninmu, sarakunan Hausawa da shugabannin kara, shi ne kada mu bari wani ya mallaki wannan abu mu koma 'yan dakonsa.

Na farko, jari. Mutum ɗaya ba zai iya ɗakin sanyi da mota ba, amma fatoma ashirin za su iya. Mun iya adashi, mun iya haɗa kuɗin gina masallaci da na jinyar ɗan uwa. A yi rajistar ƙungiyar haɗin gwiwa, a fara da ɗaki ɗaya mai sola a gefen kara, ko don naman da ya kwana da dabbar da ta karye a mota, wadda yanzu ake sayarwa a wulaƙance saboda ba ta jira.

Na biyu, yara. A cikin ɗaruruwan samarin da ke kara, nawa ne suka iya gyaran firji? Nawa ne suka karanci duba lafiyar dabbobi ko lissafin kuɗi? A zaɓi masu ƙwaƙwalwa a tura su koyo da kuɗin ƙungiya. Wanda ya san sa tun yana yaro, in ya haɗa da takarda, babu kamfanin da zai raina shi.

Na uku, amanarmu ita ce jarin da ba a sayowa a kanti. Kamfanin da zai yanka a Kano ko Mokwa yana buƙatar wanda zai karɓi kaya a Badun, ya san wane mahauci ne mai biya, wace mai abinci ce za a ba bashi, ya kuma ba Musulmi tabbacin yadda aka yi yankan. Wannan sanin yana kan su Baba. Amma a ka yake, ba a rubuce ba, kuma banki ba ya ba da rance a kan abin da ke cikin kai. A fara rubuta ciniki da bashi, kowace rumfa.

Na huɗu, a zauna da ƙungiyar mahautan gari. Shekara ɗari muna ciniki da su, wataran faɗa wataran daɗi. A wannan magana jirgi ɗaya ya ɗauko mu, kuma gwamnatin jiha ta fi jin muryarsu. In za a yi taro a kan mayanka ko kasuwa, a je tare tun ana zana taswira, kada a jira sai an zo da motar rusau.

Na ƙarshe, mu rubuta namu. Abin kunya ne a ce tarihin Sabo sai da na sha wahalar Turanci kafin na san shi, kuma yawancin waɗanda aka rubuta a kansu sun rasu ba su san abin da ke ciki ba. Dattawan da suka koro shanu da ƙafa saura kaɗan. Kowannenmu na da waya mai ɗaukar murya. A zauna da su a ɗauka, masu ilimi a cikinmu su fassara mana irin waɗannan littattafai da Hausa.

Ran nan bayan la'asar na ba Baba labarin Shikago tun daga farko har rufe kara. Ya yi shiru yana jan carbi, sannan ya ce, "Lokacin da tirela ta zo, kakanka cewa ya yi saniya ba za ta yarda ta hau mota ba. Waɗanda suka fara sayen motar, 'ya'yansu ne masu gidajen saman nan."

Na ce, "To Baba, yanzu me ka gani?"

Ya ce, "Ni na kusa gama nawa. Ka je ka tambayo mini nawa ake haɗa ɗakin sanyin, in ji da kunnena."

Na fara tambaya. In akwai wanda ke wannan harka a Agege ko Shagamu ko Lokpanta ko Fatakwal, ko wata ƙungiyar da ta riga ta gwada, ya taimaka ya faɗa mana yadda aka yi, da daɗin da wuyar. Inda na yi kuskure kuma, manya su gyara mini.

Allah Ya sa albarka a nemanmu, Ya zaunar da mu lafiya da maƙwabtanmu.